Kwana Goma Sha Biyu Ba Wanda Ya Duba

Umma ce ta kira ni ranar Juma'a da yamma. Ta ce basir ɗin Baba ya tashi, amma kada in tayar da hankalina, amininsa Baba Likita yana kula da shi. Na tambaye ta tun yaushe. Ta ce an ɗan kwana biyu. A bakin Umma kwana biyu na iya zama wata guda, don haka da gari ya waye na kama hanya.

Wata bakwai ke nan da dawowata gida, bayan shekara tara ina koyon aikin tiyata a wata ƙasa. Asibitin da nake aiki tafiyar awa biyu ce daga gidanmu. Can ana ce min Likita. A gida ni ce Auta, wadda ake aika ta ɗauko tsintsiya.

Na tarar da Baba a tsaye a ɗakinsa, ya riƙe ƙarfen taga da hannu biyu. Shekara talatin ya yi yana hedimasta, ban taɓa ganinsa da rana ba hula ba. Ran nan kuwa kansa a buɗe yake, gumi ya jiƙa masa wuyan riga. An jibga jaridu a kan kujerarsa ta karatu, alamar an daɗe ba a zauna a kanta ba. Kwanon karin kumallonsa yana bakin taga. A tsaye yake cin abinci.

"Sannu da jiki, Baba."

"Wa ya ce ki zo?"

"Ba kowa."

"Uwarki ce. Cikinta ba ya ajiye magana."

Ya yarda na sa masa ma'aunin zafi, ya miƙo yatsa na auna suga. Hammata da yatsa ba abin kunya ba ne. Zafin jikinsa ya haura talatin da tara. Sugan, wanda ya saba tsayawa ƙasa da goma, ya kai ashirin da uku. Leɓɓansa sun bushe.

Umma ta ja ni ɗakinta, ta zazzage min magunguna a kan gado.

"Wannan kafso ɗin aka fara, kwana biyar. Da bai ji ba, aka koma wannan fara babbar. Yanzu allura ce, safe da yamma, mai kemis ɗin bakin titi ke zuwa ya yi masa."

Na juya kwalayen ɗaya bayan ɗaya. Duk ukun na kashe ƙwayoyin cuta ne, kowanne ya fi na bayansa ƙarfi. Babu na basir ko ɗaya. Wanda ya rubuta su ya san ba basir yake magani ba.

"Kwana nawa duka?"

Ta ƙirga da yatsu. "Yau sha biyu."

"Umma, ke kin gani?"

"Na ga me?"

"Wurin."

Ta kau da kai, ta shiga gyara zanin gadon da ba abin da ya same shi.

"Ke dai ba ki da ta ido. Shekara arba'in da biyar muna tare, sai yau zan ce masa ya juya in leƙa? Ni dai ina wanke masa kaya, kuma ban ga jini ba."

"Yana barci?"

"A gefe ɗaya. Sai nishi."

Na koma ɗakin Baba. Bai motsa daga taga ba.

"Baba, ciwon bugawa yake yi kamar zuciya?"

Ya ƙara damƙe ƙarfen tagar.

"Akwai kumburi a gefe ɗaya, mai tauri, mai zafi? In ka yi tari sai ka ji kamar an soka maka ƙusa?"

"Wa ya gaya miki?"

"Ba basir ba ne. Maruru ne a gefen dubura, ya tara mugunya a ciki. Ina so in duba."

Ya juyo a hankali, don ba ya iya juyowa da sauri. Ya kalle ni irin kallon da ɗalibai ɗari huɗu suka sani.

"Fita min daga ɗaki."

Yaya, babban wanmu, yana falo, kuma ya ji komai. Shi ke da shagon kayan gini a bayan tasha, shi ke yanke hukunci a gida tun da Baba ya yi ritaya.

"Baturiya," in ji shi, "abin da aka koya miki ke nan? Ki tsaya gaban mahaifinki ki kira wannan kalmar?"

"Sunan wurin ke nan, Yaya. Kai ma kana da shi."

"Allah ya shirye ki. Mutum yana shan magani mai ƙarfi, ana yi masa allura, me kuma kike so?"

"Magani a jini yake tafiya. Mugunya kuwa jaka ce a ɗaure, jini ba ya shiga cikinta. Wuta na ci a ɗaki, ku kuna watsa ruwa a kan rufi. Sai an tsaga an fitar da ita. Ga shi da ciwon suga. Irin wannan in ya samu mai suga, bin ƙarƙashin fata yake yi yana cin nama. Na ga wanda ya shigo da ƙafafunsa ranar Litinin, aka fitar da gawarsa ranar Alhamis."

Umma ta dafe ƙirji daga bakin ƙofa. "Bakinki ya sari ɗanyen kashi!"

"Baba Likita ya fara aiki ba a haife ki ba," Yaya ya ce. "Ki jira shi."

Na jira. Ƙarfe sha ɗaya yake zuwa kullum, tun muna yara. Shi da Baba aji ɗaya suka yi, kuma shi ya sa hannu a takardata ta neman shiga makarantar likitanci. Ya shigo da sandarsa da 'yar tsohuwar jakarsa ta fata, yana murmushi.

"A'a, abokiyar aiki! Yaushe a gari?"

Na durƙusa na gaishe shi yadda ya kamata. Da ya zauna, na jera kwalayen uku a kan teburin gabansa.

"Baba Likita, me ake magani?"

Ya gyara tabarau. "To, kumburi ne. Na yi zaton ƙurji ne ya fito masa a ƙasa. Yau ma na zo da wani sabo, an ce yana da kyau ƙwarai."

"Ka duba?"

"Ya kwatanta min sosai. Kin san mahaifinki, malamin makaranta ne, ya iya bayani."

"Ka duba?"

"Ke!" in ji Yaya.

Baba Likita ya ɗaga masa hannu. Ya cire tabarau, ya shiga goge shi da bakin riga.

"Auta, mutumin nan tare muka tashi. Shekara sittin muna cin abinci a kwano ɗaya. Da wane baki zan ce masa ya kwance wando ya juya min baya? Na ce bari mu gwada magani. Wataƙila ya busar da shi, ko ya fashe da kansa, kowa ya tsira da mutuncinsa."

"Da baƙo ne ya zo maka asibiti da wannan, mai ciwon suga, da zazzaɓi, kwana nawa za ka yi kafin ka sa a tsaga?"

Ya ci gaba da goge tabarau.

"Kwana nawa, Baba Likita?"

"A ranar."

"To laifin me Baba ya yi maka da baƙo ya fi shi?"

Na san abin da na yi. Na tsaya a kan dattijo mai shekara saba'in da huɗu, a gidan amininsa, a gaban matar amininsa. Ban ji komai ba sai haushi. Mutum uku masu hankali sun kewaye ciwo ɗaya kwana goma sha biyu, kowa yana ganin girman wani, Baba kuma yana ruɓewa a tsaye.

Na buɗe jakata, na ciro safar hannu, na ɗora masa a gwiwa.

"Ni ya kore ni. Kai ba zai kore ka ba. In ba za ka iya ba, ni zan koma, ya tsine min daga baya."

Umma ta yi salati. Baba Likita ya ɗauki safar. Sai ya jingine sandarsa, ya tashi, ya shiga ɗakin ya tura ƙofa. Ƙofar ba ta da kauri, muna jin su.

"Kai ma ka biye wa yarinyar nan?"

"Hedimasta, kwanta."

"Ka tsufa ka lalace, Likita."

"Kwanta na ce. Ni ma ba ɗokin ganin nake yi ba."

"Wallahi in ka taɓa ni..."

"Sai ka yi min bulala. Tanƙwashe gwiwa."

Sai Baba ya yi wata ƙara da ban taɓa jin irinta daga bakinsa ba. Yaya ya tashi ya fita tsakar gida.

Da Baba Likita ya fito, bai kalli kowa ba sai ni. Murya ƙasa-ƙasa ya yi magana, kamar yadda likita ke yi wa likita.

"Ya kai lemo girma. Ya zagaya ta baya zuwa ɗaya gefen. Fatar ta fara baƙi a wuri ɗaya." Ya leƙa tsakar gida. "Kai, tayar da mota."

Baba bai iya zama ba, don haka muka kwantar da shi a gefe a kujerar baya, kansa a cinyar Umma. Duk ramin da mota ta faɗa sai ya ciji hannun riga. Baba Likita ya ce zai biyo mu. Bai biyo ba.

A babban asibitin garin, likitan tiyatan da ke bakin aiki wani gajere ne mai furfura a gemu, marar yawan magana. Na ba shi bayani a tsaye cikin minti biyu. Ya shiga bayan labule, ya fito, ya ce a shirya ɗakin tiyata. Aka sa wa Baba ƙarin ruwa da allurar saukar da suga. Da za a tura gadonsa, ya kama hannun likitan, ya nuna ni da haɓa.

"Waccan ba za ta shiga ba."

Ban shiga ba. Na zauna a benci tsakanin Umma da Yaya. Na yi irin wannan aikin ya fi sau ɗari, na san kowane mataki, kuma ina nan ina kallon fentin bango da ya ɓare. Awa ɗaya da rabi.

Likitan ya fito yana cire hular tiyata.

"Mun fitar da mugunya ta fi kofi ɗaya. Na yanke naman da ya mutu, ya kai tafin hannun yaro. Naman da ke riƙe bayan gida bai taɓu ba, a nan ya yi sa'a. Jibi za mu sake shiga mu ga ko ya tsaya." Ya kalli Yaya. "Da kun ƙara kwana biyu, da wata magana muke yi. Wa ke ba shi magani duk kwanakin nan?"

Umma ta sunkuyar da kai. Ya kalle mu ɗaya bayan ɗaya, ya wuce.

Washegari na tarar da Yaya a barandar ɗakin majinyata yana huci.

"Kin ji abin da mutanenki suka yi? Sun yanka shi sun bar shi a buɗe! Ko ɗinki ɗaya babu. Auduga kawai suka cusa. Wallahi sai na ga shugaban asibitin nan."

"Je ka gan shi. Ka ce a ɗinke, mugunyar ta sake taruwa, mu dawo sati mai zuwa. Daga ciki yake cikowa, Yaya. Kai mai kayan gini ne. Ana shafe bakin rami da siminti a bar ƙasansa a fanko?"

Ya yi tsaki. Ya nuna ledar ruwan da ke rataye a kan gadon Baba.

"Na tambayi nas. Maganin nan da kika raina, irinsa suke sa masa a ruwa."

"Ban raina shi ba. Da zazzaɓi da suga dole a ba shi. Yanzu ne zai yi aiki, tunda an buɗe masa ƙofa."

An sake shiga da shi ranar ta uku, aka ƙara yanke kaɗan. Ranar ta biyar zazzaɓin ya sauka, sugan ya dawo sha ɗaya. Likitan ya ce wata 'yar hanya tana iya saura tsakanin ciki da fata, wadda za ta buƙaci wani aikin nan gaba, amma wannan maganar sai nan da wata uku. Na ɗauki hutun sati biyu daga wurin aikina. 'Yan uwa suna ta zuwa dubiya, Yaya yana tarbarsu a ƙofa yana cewa ɗan basir ne aka cire. Duk lokacin da na shiga, Baba sai ya rufe ido. In na fita sai in ji yana tambayar Umma labarin gari. Baba Likita bai zo ba ko sau ɗaya. Umma ta ce matarsa ta gaya mata ko cin abincin kirki ba ya yi.

Ranar ta tara aka ce za a sallame shi. Babbar nas, mace mai faɗin kafaɗa da ba ta tsoron kowa, ta tara mu a bakin gadon.

"Ciwon nan kullum sai an wanke shi da ruwan gishiri, a cire tsohuwar auduga a sa sabuwa har ƙasan ramin. Sati shida, ko fiye. In aka yi fashin kwana biyu, bakin zai rufe kafin cikin ya cika, ku dawo mana. Nan nas namiji ke yi masa. A gida wa zai yi? Ina so in koya masa kafin ku tafi."

Umma ta ce idonta yana da yana, ko zare ba ta iya sa wa allura. Gaskiya ne. Yaya ya ce shi ko kaza aka yanka ba ya tsayawa. Wannan ma gaskiya ne.

"To ai ga likita a gida," in ji nas, ta nuna ni. "Ku kam kun huta."

Baba ya buɗe ido.

"Gara in ruɓe."

"Ka kusa ai, Baba," na ce. "Kwana biyu ya rage maka da muka kawo ka."

Umma ta mintsine ni a hannu. Nas ta naɗe hannu a ƙirji.

"Baba, ni ba na sallamar mutum sai na san wanda zai wanke masa ciwo. Ka zaɓa, ko ka ci gaba da zama da mu."

Baba ya kalli silin. Sai ya ce da Yaya, ba tare da ya juyo ba:

"Ku kira min wancan tsohon banzan. Tunda ya riga ya gani, sai ya ƙarasa."

Bayan azahar Baba Likita ya iso. Ya rame, bai yi aski ba. Ya tsaya a ƙarshen gadon yana juya sandarsa.

"Hedimasta, ya jiki?"

"Jikin da ka so ka binne?"

"Na yi kuskure."

"Kuskure ɗalibi ke yi. Kai jarrabawar ka faɗi gaba ɗaya. Sati shida za ka yi kana zuwa kullum da safe, kuma ba shayi."

"Ko ruwa?"

"Ko ruwa."

Nas ta ce ba ta da lokacin koya wa likita wankin ciwo, in nuna masa da kaina. Muka fita baranda. Na naɗe tawul na yi masa rami a tsakiya, na ba shi ɗan almakashin kama auduga. Sau uku na sa ya maimaita: a jiƙa, a kai har ƙasa, kada a danna da ƙarfi, a bar ɗan baki a waje don a samu abin ja gobe. Na lissafa masa abin da zai sa ya kira ni a take: zazzaɓi, wari, jan da ke yaɗuwa, ko fata ta canza launi.

"Kuma kullum za ka gaya min abin da ka gani da idonka," na ce. "Ba abin da ya kwatanta maka ba."

Ya gyaɗa kai.

Ya sa safar hannu, ya ɗauki tiren kayan wankin ciwo, ya shiga tare da nas. Aka ja labule. Na tsaya a waje ina jin ƙarar ƙarfe a kan tire, da numfashin Baba yana fita ta haƙora.

"A hankali, mahauci!"

"Yi shiru, na kusa."

"Likita."

"Na'am."

"Ina ganin takalman waccan ta ƙarƙashin labule. Ka ce ta matsa."

Na matsa.